Saukar Ɗan Fari a Tashar Jidda

Jikanyata ce ta tono wannan zancen, ba ni na neme shi ba. Ina zaune bayan la'asar ina jiran shayi ya huce, ta zo ta tura min waya a fuska, wai in ga wani tsoho. Tsohon na sanye da rigar fata, gashinsa fari fat, yana magana da wani yare mai fitowa daga maƙogwaro, ana rubuta fassarar a ƙasa. Ta ce ɗan wasan fim ne daga ƙasar ƙanƙara, a cikin sana'ar ya tsufa, kuma yanzu mutanensu da kansu suke shirya finafinansu da yarensu. Na ce, "Af, ashe Iskimo ne." Ta galla min harara. "La, ya Jaddi, aib! Ba a ce musu haka. Inuwit suke kiran kansu. Wancan wasu ne suka sa musu." Na yi dariya har na ƙware. Ni da na yi ƙuruciyata kaf ana kirana "ya Takruni" a titin Jidda don asalinmu Afirka ta Yamma ne, yau ni ake koya wa ciwon sunan da wani ya laƙaba maka. Hausarta ɗingishi take, rabinta Larabci ne, amma ranar ta faɗi gaskiya tsaf. Abin da ba ta sani ba shi ne na riga ta sanin mutanen nan, kuma wani ɗan'uwansu ne ya sa ni taurin kan da ya kusa raba ni da abin da na fi so a duniya.

Jiddar da na tashi a cikinta ba wannan ba ce. Yanzu kana rufe ƙofa ka kunna na'urar sanyi, shi ke nan ka yi sallama da gari. A da kuwa gari ne ke shigo maka har kan tabarma. Da asuba kukan jakunan masu ruwa, sai ƙarar gwangwanayen 'yan ga-ruwa suna karo da juna a lungu, sai ƙahon jirgi daga teku, mai kauri, wanda kake ji a cikinka kafin kunnenka. Mahaifina mai tsire ne a unguwar Bab Makka. Larabawa sun iya cin tsiren sun kasa faɗin sunansa, sai su ce "sire". Aikina tun ina ƙarami shi ne feƙe tsinke da dakan ƙuli-ƙuli da yaji, in yi ta atishawa Inna na cewa alhakin rashin jin magana ne. Baba ba mai surutu ba ne. Da ƙafa ya zo daga ƙasar Hausa, ya ratsa Chadi da Sudan yana noma yana dako, ya haye teku a kwale-kwale, kuma duk wannan tafiyar in ka tambaye shi sai ya ce, "Hanya ce, mun bi." Da ƙashina ya yi ƙwari na koma tashar jiragen ruwa ina dako tare da samarinmu. A nan aka gane ina da wata baiwa marar amfani. Kowa na gani sau ɗaya, na ɗauke shi: tafiyar ɗan sandan ƙofa, tarin shugaban lebura, yadda alhajin Jawa, mutumin Indonesiya, ke ƙirga kayansa yana sake ƙirgawa. Lokacin hutu sai a ce, "Yalla, yi mana wane," in yi, ƙarti su yi ta birgima a kan buhunan shinkafa.

A wancan zamanin ba a gina gidajen sinima irin na yau ba, masu kujerun da ke haɗiye mutum. Wani mai hali ne zai share filin gidansa, ya shafe bango ɗaya da farar ƙasa, ya kawo injin. Masu ƙumbar susa su hau kujeru a baya, mu 'yan dako mu baje a tabarma can gaba, wuya a sama. Kana jin injin na ƙara kamar keken ɗinki, mai balila, dafaffen waken Larabawa, na zagayawa, in zaren fim ya tsinke a yi ta fito har a ɗaura. Ina son wurin nan kamar raina. Amma akwai abin da ke ci min tuwo a ƙwarya. Duk sanda baƙin mutum ya fito a bangon nan, mai gadi ne ko mai kawo kofi, ya zare ido, ya yi tuntuɓe, tire ya zube, a sheƙe da dariya. Sau da yawa ma ba baƙi ba ne, shafe shi aka yi, kana ganin wuyansa ya fi fuskarsa haske. Mu ma mukan yi dariyar, don kada a ce mun tsargu. Sai a hanyar gida ka ji kowa ya yi gum.

Wata rana aka kawo fim ɗin mutanen ƙanƙara. Mu da gumi ke bin bayanmu, muna kallon ƙasar da babu komai sai fari, har wani ya ce a matso da bangon kusa mu sha iska. Yawancin 'yan wasan da gani ka san ado aka yi musu, suna ta buɗe baki suna nuna mamakin madubi da ashana. Amma akwai mutum ɗaya a cikinsu da ya bambanta. An nuna shi duƙe a bakin wani rami cikin ƙanƙara yana jiran dabbar ruwa, bai motsa ba, bai zare ido ba, bai yi wa kowa wasa ba. Da ya samu dabbar ya jawo ta sama, sai ya narkar da ƙanƙara a bakinsa ya ɗiga mata ruwa a nata bakin, ga ta matacciya. Ba wanda ya yi bayani. Ban san ma'anar abin ba, amma jikina ya ba ni cewa ba mai shirin fim ne ya ƙirƙiro wannan ba, daga gida mutumin ya zo da shi. Na tambayi mai injin, wani Bahaushen Sudan da ya taɓa yin kuku a jirgin ruwa. Ya ce, "Wannan ɗan ƙasa ne na gaske, ya walad. Sauran duk haya ne. Ai waƙa a bakin mai ita ta fi daɗi." Na kwana da maganar nan na tashi da ita. Na yi wa kaina alkawari: in Allah Ya sa na hau bangon nan, to da abin gidanmu zan hau, ko kuwa kada in hau.

Alkawari ga wanda ba a gwada ba ai ruwa ne a kwando. Gwajin ya zo ana dab da aikin hajji. Wasu Larabawan Sham suka sauka da akwatuna da kyamara mai ƙafa uku, suna shirya fim a kan masu zuwa ɗakin Allah daga ƙasashe. A ciki akwai labarin wani tsohon Batakure, wato Takruni irinmu, da ya daɗe a Jidda, ɗansa na fari da ya bari a gida yana ƙarami ya girma ya biyo jirgi, suka haɗu a tasha. Shugaban lebura ya nuna ni. Mai shirin, wanda kowa ke kira Ustaz, ya sa na yi masa tafiya biyu-uku, ya yi dariya har ya cire tabarau, ya ce ni ne ɗan. Ranar ƙafata ba ta taɓa ƙasa ba. Ustaz ba mugu ba ne, in faɗi gaskiya. Ya ba ni hannu, ya zaunar da ni a inuwa, ya ce in na yi kyau akwai wani aikin a gaba, har ƙasarsu zai iya tafiya da ni.

Kashegari aka yi gwaji. Uban wani ɗan wasansu ne da suka zo da shi, an shafe shi da baƙin mai, zafin Jidda na narkar da shi yana gangarowa cikin gemu. Na haɗiye wannan. Sai Ustaz ya faɗi yadda za a yi. In sauko daga tsanin jirgi, in hango uban, in jefar da ƙunshina in ruga. Shi kuma ya ware hannuwa ya ƙwala kiran sunana, mu rungume juna, mu faɗi ƙasa muna kuka, yana sumbatar kaina. Na tsaya ina kallonsa. Na ce, "Ya Ustaz, ɗan fari fa ka ce." Ya ce eh, shi ya sa kukan zai fi yawa. Na yi masa bayani iya iyawata. A wurinmu uba ba ya kiran sunan ɗansa na fari, ba ya wasa da shi, ba ya nuna shi a gaban jama'a. Ba ƙi ba ne, kunya ce, kuma wanda aka fi jin kunyarsa sau da yawa shi ya fi zama a rai. Ɗa kuma ba ya rugawa ya faɗa jikin ubansa kamar ɗan akuya. Cire takalmi yake daga nesa, ya durƙusa, ya sunkuyar da kai.

Ustaz ya saurare ni har na gama, sannan ya dafa kafaɗata. "Ya habibi, na yarda haka kuke yi. Amma masu kallo a ƙasarmu za su ce wannan tsoho ba shi da zuciya. Fim ne. Dole a gani a fuska."

Na ce, "In an gani a fuska, ba mu aka gani ba."

Ya ce to a raba gardama, a ɗauka iri biyu, nasa da nawa, daga baya ya zaɓa. Ni kuwa ba yaro ba ne. Na san wanda zai zaɓa in ya koma ɗakinsa da almakashi. Na ce iri ɗaya zan yi. Fuskarsa ta canza. Ya ce jirgin alhazan Afirka gobe da hantsi zai jingina, sau ɗaya za su sauko, ba zai ce su koma su sake ba, kuma ƙartin da ke son wannan aikin sun fi buhunan tashar nan yawa. Na ajiye masa ƙunshin da haramin da suka ba ni, na juya. Wallahi ban yi jarumta a zuci ba. Ina tafiya idona na cikowa, ina zagin kaina, ina cewa ga ƙofa ta buɗe na sa ƙafa na rufe. Abokaina suka bi ni da faɗa: "Kai wane ne? Rungumar ce za ta kashe ka?" Amma ƙafar ta ƙi komawa.

Da yamma na je Bab Makka na zauna ina jera nama a tsinke. Baba bai taɓa shiga gidan sinima ba, wasan inuwa yake kiranta, aikin marasa aikin yi. Don haka ban yi niyyar gaya masa ba. Shi ya ga hannuna na ɓata masa nama ya ce, "Kai, me ya same ka?" Na kwashe duka na faɗa masa, ina jiran ya ce Allah Ya ƙara. Ya juya tsire, ya yayyafa mai, wuta ta tashi ta kwanta. Can ya ce, "Ɗan fari ne, ka ce?" Na ce eh. Ya ci gaba da gashinsa har muka kwashe kaya.

A nan ya kamata in faɗi abin da duk gidanmu ya sani amma ba a zancensa. Ba ni ne ɗan farin Baba ba. Kafin ya baro gida yana da ɗa, uwarsa ta rasu, ya bar shi a hannun yayarsa, Gwaggo, da niyyar ya sauke farali ya koma. Hanya ta cinye shekaru, Jidda ta cinye sauran. Ban taɓa jin sunan Yayan nan a bakinsa ba, sai dai "wancan na gida". Duk shekara in jiragen alhazai sun fara zuwa, sai ya ɗauki tire ya tafi tasha, wai alhazai na marmarin tsire. Ya yi ta tambayar mutanen yankinsu. Wani ya ce ya ji yaron ya tafi kudu fatauci, wani ya ce bai san gidan ba. Ya dawo da tirensa, rabin naman bai sayar ba.

Da safe na ga ya sa farar rigarsa ta Juma'a, ga shi ba Juma'a ba. Ya ce, "Wuce mu je." Har muka isa tasha ban yarda can muka nufa ba. Mun tarar an riga an ba wani saurayi haramina, ga mai baƙin mai ana ƙara masa shafi. Baba ya nufi Ustaz kai tsaye ya yi sallama, da Larabcinsa na kasuwa ya ce, "Ya Ustaz, na ji kana neman tsohon da ke jiran ɗansa a nan. Ni duk shekara a wurin nan nake tsayawa, ga inda ƙafata take. In kana so ka ɗauka, ka ɗauka. Amma ba zan yi ihu ba, kuma ba wanda zai shafa min komai." Ustaz ya dube shi, ya dubi ɗan wasansa da ke ɗiga, ya dubi jirgin da ya riga ya doso yana busa ƙaho. Ban san me ya auna a ransa ba. Ya ja tsaki, ya ce, "Sau ɗaya. In bai yi ba, na cire labarin Takruni gaba ɗaya, halas." Na karɓe haramin daga hannun saurayin nan tun kafin a sake shawara.

Aka hau da ni jirgi, na shiga cikin alhazai na gaske, masu warin teku da gajiya, tsofaffi na kabbara suna share hawaye don sun ga ƙasa mai tsarki. Na ɗora ƙunshi a ka muka fara saukowa. Daga tsakiyar tsani na hango shi, tsaye ƙyam, hannuwa a baya. Na taka ƙasa, na matso, na tsaya daga nesa. Na sauke ƙunshin, na zare takalma, na durƙusa, idona a kan siminti.

"Salamu alaikum, Baba. Mun same ku lafiya?"

Bai dube ni ba. Teku yake kallo. "Lafiya lau. Kun sha hanya. Ya gajiya?"

"Gajiya ta bi lafiya."

Iyakar abin da muka shirya ke nan. Ina jiran Ustaz ya ce a tsaya, sai na ji muryar Baba ta sauko ƙasa-ƙasa.

"Gwaggonka na nan?"

Wannan ba ya cikin abin da muka shirya. Gwaggon da ta girme shi nesa ba kusa ba, da wuya a ce tana raye. Na ce, "Tana nan. Tana gaishe ka."

"Rijiyar ƙofar gida ba ta ƙafe ba?"

"Ba ta ƙafe ba, Baba."

"An yi maka aure?"

"An yi."

Ya ci gaba da kallon teku. Ina jin ƙarar kyamara, ina jin takun alhazai na wuce mu. "An samu ƙaruwa?"

Ban san inda maganar ta fito ba. Na ce, "An samu, namiji. Sunanka aka sa masa."

Fuskarsa ko gezau. Sai daga baya na san mai kyamara ya zagaya ta bayansa ya ɗauki hannuwansa, yatsu na murza carbi, har carbin ya suɓuce ya faɗi. Baba ya waiga wajen wani ɗan dako da ke tsaye da baki buɗe, ya ce, "Kai, a ba baƙo ruwa mana." Aka kawo min ruwa a gwangwani, na sha a durƙushe, ruwan na haɗuwa da abin da ke zubo min. Ustaz ya daɗe kafin ya ce halas. Bai yabe mu ba. Ya ce shi bai ji ko kalma ɗaya ba, sai an fassara masa, sannan zai ga abin da zai yiwu. Maganar tafiya da ni ƙasarsu kuwa bai sake tayar da ita ba. Baba ya tsinci carbinsa ya koma bakin wutarsa.

Muka shiga jira. Na koma dako, ana tsokanata da "tauraro, ɗauki buhu". A tsakanin nan ne na fara samun 'yan ƙananan wasanni a rediyo, daga baya a talabijin, kuma a haka na ƙare sana'ata, ban yi suna ba, ban yi kuɗi ba. Na fito a mai gadi, na fito a direba, domin mutanenmu na yin gadi suna tuƙi kuma ba abin kunya ba ne. Amma duk wanda ya ce in zare ido in zubar da tire, sai in ba shi rigarsa in kama hanya. Na rasa ayyuka da yawa a kan haka, kuma ko yau aka dawo da ni haka zan yi. Yaran yanzu suna ɗaukar kansu a waya daga safe har dare, kowa da siniman kansa a aljihu. Ba su san akwai lokacin da mutum zai yi shekara yana addu'a kada almakashin wani ya cire shi daga duniya ba.

Sai da wani hajjin ya kusa zagayowa mai injin ya aiko a gaya min fim ya iso. 'Yan dakon tasha suka cika tabarmin gaba har ba wurin miƙe ƙafa. Na roƙi Baba ya zo, ya ce shi da wasan inuwa sai a lahira. Aka nuna alhajin Indiya, aka nuna na Turkiyya. Sai ga tsanin jirgi, sai ga ni. Ustaz bai taɓa komai ba. Hausarmu ce ke fita daga bangon nan, Larabci a rubuce a ƙasa. Daga kujerun baya wani ya ce, "Wannan wane irin uba ne, ko rungumar ɗansa ba zai yi ba?" Kafin ya rufe baki, Baba na bango ya ce, "Gwaggonka na nan?" Sai na ji tabarmin gaba gaba ɗaya, ƙarti masu ɗaukar buhu biyu a kafaɗa, waɗanda kowannensu ya bar wata Gwaggo a wani gari, sun amsa da murya ɗaya: "Tana nan!" Da aka nuna hannuwan, ba wanda ya ƙara tari a filin, gaba da baya.

Ban tsaya ganin ƙarshen fim ɗin ba. Na ruga Bab Makka, na same shi yana rage wuta. Na durƙusa gefensa ina haki na ce, "Baba, an nuna. Ba su cire komai ba."

Ya ci gaba da tattara garwashi. "An nuna wancan na gida ya sauko daga jirgin?"

"An nuna."

"Da ƙafarsa, lafiya lau?"

"Lafiya lau, Baba."

Ya gyaɗa kai, ya zuba ruwa a kan garwashin, hayaƙi ya tashi ya rufe masa fuska. Ta cikin hayaƙin na ji ya ce, "To, alhamdu lillahi. Ya iso ke nan."